Maigidana ya yi ritaya, ya koma auna mini sukari

Anti, don Allah ki taimake ni kafin in aikata abin da zan zo ina cizon yatsa. Maigidana ya yi ritaya, kuma tun daga ranar ban sake samun sakat a kicin ɗina ba.

Ni sana'ata kek. Da ita na yi wa yara hidima har suka girma, kuma ba yabon kai ba, duk layinmu an san hannuna. Shi kuwa haɗa magunguna ya yi a asibiti, ya ƙare ƙuruciyarsa yana auna ɗan mitsitsin abu. Da ya ajiye aiki murna na yi, na ce bawan Allah zai huta. Ashe nawa hutun ne ya ƙare.

Abin ya faro ne daga garin sukari, mai laushin nan da ake bugawa da bota a yi kwalliyar saman kek. Ina da wani kofi mai shuɗin baki, hannunsa ma ya karye, da shi nake awo tun ina amarya. Wata rana mai shagon shayin da nake kai wa kek ta yi mini ƙorafi, wai kwalliyar wani lokaci ta tsaya da kyau, wani lokaci ta zube tun kafin a yanka. Tsautsayi ya sa na faɗa a gaban maigidan. Washegari sai ga shi da ɗan sikeli mai nuna lamba, yana fara'a kamar an mayar da shi aiki.

Ya jawo kujera bakin ƙofa, ya ɗora tabarau a karan hanci, ya sa na cika kofin sau uku. Da na tankaɗe sukarin da rariya, giram ɗari da ɗan wani abu. Da na ɗebo kai tsaye daga leda, ɗari da talatin. Da na danna da cokali, ya haura ɗari da hamsin. Sai ya dube ni ya ce wai kofina maƙaryaci ne. Kofin da shi da kansa ya ci kek ɗinsa shekara da shekaru yana santi, yau shi ne maƙaryaci!

Yanzu ba na ɗaga hannu sai ya yi gyaran murya. Na ɓoye sikelin a saman durowa, ya nema ya rasa, ya fita ya sayo wani. Ni da nake aiki ina 'yar waƙata, yanzu sai na waiwaya kafin in ɗauki kofi.

Abin da ya ƙure ni shi ne ranar da ya raka ni kai kaya. Ina tsaye ya gaya wa mai shagon ta kwantar da hankalinta, wai yanzu mun koma aiki da sikeli. Mun koma! Yaushe ya zama mu? Kunya ta kama ni kamar in nutse. Abin haushin kuma, kek ɗin da ya auna wa sukari ya yi kyau, amma ban faɗa masa ba, ba kuma zan faɗa ba.

Kwana biyun nan gaisuwa kawai ke haɗa mu. In hana shi shiga kicin ne, ko in sakar masa sana'ar gaba ɗaya ya ji daɗi? Na gaji, Anti.

Mai kek da aka ƙure

Amsa

'Yar'uwa, sannu. Na yi dariya, ki gafarce ni, amma na ji zafin da ke cikin maganarki.

Bari in fara da abin da ba za ki so ji ba. A kan sukari, maigidanki ya fi ki gaskiya. Garin sukari iska yake sha. Tankaɗaɗɗe ya kan kumbura ya cika kofi alhali ba shi da nauyi, wanda ya daɗe a leda kuwa ya kan cure ya danne. Kofi girma yake aunawa, ba ruwansa da nauyi, shi ya sa kwalliyarki ke tsayawa yau, gobe ta zube. Ke ma kin gani da idonki, shi ne ma ya ƙara miki haushi.

A kan yadda ya bi da ke kuwa, bai kyauta ba ko kaɗan. Ba a tsaya wa mace a kai a wurin aikinta, ba a kuma yin magana da bakinta a gaban mai sayen kayanta. Wannan ki faɗa masa ƙarara, cikin ladabi, ba da ɓoye sikeli ba. Kin dai ga inda ɓoyon ya kai ki.

Ga abin da za ki yi. Ki haɗa kwalliya da kofinki yadda kika saba, shi kuma ya riƙa auna abin da kika ɗeba ya yi shiru. Ranar da ta fito yadda ranki yake so, nauyin ranar shi ne awonki daga nan gaba. Kin ga ke kika yanke, sikelin biyayya kawai zai yi. Daga nan ki ba shi aikin awon dungurungum, amma a teburin falo: ya auna, ya zuba a roba, ya miƙo daga bakin ƙofa. Ɗanɗano, bugu da magana da masu saye naki ne.

Kada ki saki sana'arki, kada kuma ki kore shi. Mutumin da kullum ake jiransa da safe, yanzu ba mai jiransa ko'ina, ya duba gidan kaf bai ga inda zai yi amfani ba sai kusa da ke. Bai iya faɗa ba ne, sai ya sayo sikeli. Ki daure ki gaya masa kek ɗin nan ya yi kyau, ba zai rage ki da komai ba.

Allah ya ƙara wa hannunki albarka, ya sanyaya miki zuciya. Shi kuma Allah ya ba shi abin yi.