Tukwanen Kunun Inna Larai

Gumel, 4 ga Maris

Zuwa ga 'yata Nana Firdausi,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kin saba da Maigatari.

Mutane da yawa sun ɗauka duk gidan da aka ga hatsi ya tsiro a ƙarƙashin jiƙaƙƙen buhu, giya ake yi. Na ji surukarki ma ta faɗa a kan gidanmu. Tsiron nan shi ke sa wa kunun zaƙi zaƙinsa, ba sukari ba.

Kakarki Inna Larai ta zo daga Ɗanzomo da tukwane biyu. Kafin ta rasu sun zama tara, har direbobin Gagarawa na aiko da jarkoki. Ni na gaje ta, shekara goma sha tara ke nan: in tace kunu da safe, in wuce aji koyarwa. Yanzu bayana ya ƙi. Ke kaɗai kika taɓa tsayawa kina kallon hannuna. Ki karɓi tukwanen nan, kar gidan ya mutu a kaina.

Gwaggonki,
Turai

Maigatari, 15 ga Maris

Gwaggo,

Ina gaishe ki da jiki, Allah Ya ƙara sauƙi.

Na karanta wa Hajiya wasiƙarki. Ta ce, "To in kunu ne, me ya sa kullum da la'asar Larai ke tuttular da shi a kwata? Mai gaskiya na zubar da abin sayarwa?" Maigidana Mu'azzam ya ce ba ruwansa, sai abin da mahaifiyarsa ta ce.

Ni ina so, Gwaggo. Amma a gidan nan zan zauna.

'Yarki,
Firdausi

Gumel, 22 ga Maris

'Yata,

Ina amsawa. Hajiya ta ga daidai. Kunun tsiro in ya wuce la'asar a zafin nan, sai ya fara kumfa, ya kama hanyar abin da take tsoro. Shi ya sa Inna ke zubarwa, ko da rabin tukunya ne. Ni ma haka nake yi.

Juma'ar da ta wuce na kashe wutar kunun, na daina. Bappa Hudu zai kawo miki mudun dawa da buhu ɗaya. Ki jiƙa, ki shimfiɗa a tsakar gida inda Hajiya ke zama, ki rufe da buhun, ki riƙa yayyafa ruwa kwana uku. Ki dama a gabanta, ki miƙa mata kofin farko.

In ta sha, aiko mota a kwaso miki tukwanen. In ta ƙi, kar ki ɓoye mini.

Ki huta lafiya,
Turai