Jakar da Aka Tsinta a Uhudu

Harra ta Gabas,
Madina.
12 ga Rajab.

Zuwa ga ɗana Madani,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa, ina fata kana cikin ƙoshin lafiya, kuma ba ka bari salla tana wuce ka a inda kake. Ni lafiyata ƙalau, sai gwiwar nan da ka sani.

An ce an karɓe muku wayoyi a gidan tarhil inda ake tsare waɗanda za a mayar ƙasarsu, shi ya sa na ɗauki biro. Na rubuta da Hausa da gangan. Na san za ka ɓata rai, domin tun kana ƙarami ina yi maka Hausa kana mayar mini da Larabci. To yau ka ga amfanin bokon da na zaunar da kai na koya maka kana kuka.

Ƙaltume maƙwabciyarmu ta shigo jiya tana ta salati, wai ni na kai ka da hannuna. Na ce ta riƙe bakinta. Ina so ka ji daga gare ni cewa ba ka yi abin kunya ba. Ka tsinci jakar wata tsohuwa a gindin rumfarka a Uhudu, da fasfo a ciki da allurar ciwon sukari, ka kai wa hukuma. Tarbiyyar da na yi maka ke nan. Tsintuwa a garin Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ba kamar tsintuwa a wani gari ba ce. Ka ce a bar ta wurin limami. Yaushe limami zai nemo mai ita, ga ta baƙuwa, ga ciwo, jirginta na iya tashi ya bar ta?

Shekarata talatin da ɗaya a garin nan, abin da na sani shi ne 'yan shurɗa, wato 'yan sanda, na ɓarayi ne da masu faɗa, 'yan jawazat, masu kula da shige da fice, su ne na takarda. Sau nawa motar shurɗa ta wuce mahaifinka, Allah ya jiƙansa, yana tura amalanke, ba wanda ya ce masa ina iƙama, takardar izinin zama? Da wannan sanin na tura ka. Sai ga Saif, abokinka da kuka tashi tare, wanda yanzu ɗan sanda ne a ofishin shurɗan da ka kai jakar, yana gaya mini an yi maka godiya sosai, sannan aka ce ka ɗora yatsa a na'ura don a rubuta sunan wanda ya kawo jaka. Na'ura ta nuna iƙamarka ta mutu shekara shida. Ya ce da zarar ta nuna, ba sauran magana, dole su miƙa mutum.

Amma kai ma ka duba naka laifin. Tun rasuwar mahaifinka nake ce maka ka nemi kafili, ɗan ƙasa da zai tsaya maka, ka gyara takardarka, kana cewa bukra, bukra, kullum sai gobe. Ga inda bukra ta kai ka.

Na ba Saif jallabiya biyu da silifa da ɗan dabino, ya ce zai san yadda za su iso. Kada ka yi abota da kowa a ciki. Ka yawaita istigfari.

Wassalam,
Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya.

Harra ta Gabas,
Madina.
20 ga Sha'aban.

Zuwa ga ɗana Madani,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, yaya gajiyar hanya, yaya baƙunta? Ina Kawunka Zakiru da iyalinsa, ina mutanen Gusau baki ɗaya? Ina fata kowa lafiya.

Na kira wayar Kawunka sau bakwai. Kullum sai ya ce ka fita, alhali ina jin tarinka kusa da shi. Ni na haife ka, na san tarinka. Ka sani ƙaurace wa uwa yana cikin manyan zunubai, ba ni na faɗa ba, ka karanta da kanka a makaranta. Tunda ba za ka ji muryata ba, ga rubutuna, na ba wani ɗan Umra zai kawo.

Kawunka ya ce kana wuni a zaure ba ka magana, ba ka cin tuwo, yaran unguwa suna kiranka Balarabe suna kwaikwayon Hausarka. Ka yi haƙuri da su. Ka riƙa durƙusawa idan za ka gaida manya, can ba a sumbatar goshi. Kada ka sha ruwan rijiya sai an tafasa, cikinka bai saba ba. Kada kuma ka riƙa cewa can da nan ba ɗaya ba ne, ƙasar iyayenka ce ko da ba ka taɓa taka ta ba sai yanzu.

Tsohuwar ta sami jakarta kwana biyu kafin jirginsu. Mutumiyar Indunisiya ce. An ce ta ɗaga hannu ta daɗe tana yi wa wanda ya kawo jakar addu'a, ta tambaya ko za ta gan shi, aka ce ba ya nan. Na rubuta maka wannan ne don ka san wahalarka ba ta faɗi banza ba.

Saif ya zo ranar Juma'a bayan la'asar. Ya ƙi shigowa, ya tsaya a bakin ƙofa ya cire hularsa ta aiki yana murzawa. Yaron da ya ci tuwona ya fi a ƙirga, yau ya kasa kallon idona. Ya ce, da Hausarsa ta 'yan Madina, “Khala, wallahi da ya tsaya a waje ya kira ni a waya, da na fito na karɓi jakar, khalas, shi ke nan.” Na ce masa aikinsa ya yi, ba na riƙe da shi. Ya ce an ɗauki yatsunka, kuma shekarun hana dawowa suna da yawa. Ya faɗi adadinsu. Ba zan rubuta ba.

Da ya tafi na zauna a kan tabarma har aka kira magariba ban tashi ba.

Wani ɗan Nijar ya karɓi rumfarka, yana sayar da carbi da turare kamar yadda kake yi. Ban ƙara zuwa Uhudu ba. Daga gida sai makarantar da nake shara a Aziziyya, sai gida. Har yanzu ina sayo burodi biyu da safe, sai na zo ƙofa nake tunawa.

Azumi ya matso. Ka kira ni ko sau ɗaya ne.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya.

Harra ta Gabas,
Madina.
6 ga Shawwal.

Zuwa ga ɗana,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Barka da shan ruwa, barka da Salla. Ina fata ka ga Salla lafiya, kai da Kawunka da mutanen gida. Hajiya Maiturare da ta zo Umrar azumi ita za ta ba ka wannan hannu da hannu. Na roƙe ta kada ta tsaya jiran amsa.

Azumi talatin na yi ina buɗa baki ni kaɗai. Akwai maganar da na ɓoye a takarduna biyu na baya, kai kuwa ka san ta, shi ya sa ba ka ɗaukar wayata. Na gaya wa Ƙaltume rabi, na gaya wa Kawunka rabi. Yau zan rubuta ta duka.

Ranar da ka shigo da jakar nan, ba limami kaɗai ka ambata ba. Ka ajiye ta a gabana ka ce, “Yumma, ke ki kai, ke ke da iƙama.” Iƙamata tana cikin jakar hannuna a rataye, ofishin kuma tafiyar minti goma ne. Ranar ba ni da aiki, gwiwata ma ba ta ciwo. Na ce maka wanda ya tsinta shi ke ɗauke da amana, namiji ba ya ɓuya a bayan uwarsa. Na ga tsoro a fuskarka, na kira shi ragwanci. Ka sa takalminka ka ɗauki jakar ka fita. Shayin da ka zuba ma ba ka sha ba.

Gaskiya ne na ɗauka shurɗa ba ruwansu da takarda. Amma ba shi ne duka ba. So nake unguwa ta ji cewa ɗan Halimatu ya tsinci jaka ya kai da ƙafarsa. So nake matan da suke cewa na cika tsanani su ga abin da tsananina ya haifa. Na yi ta ce maka don Allah ne. Na bincika zuciyata a watan nan, na tarar rabinsa don bakin mutane ne. Kai ka san garin da aka haife ka ya canza, ni da nake taƙama da shekara talatin da ɗaya ban sani ba, kuma ban saurare ka ba.

Ban taɓa ba ka haƙuri ba tunda na haife ka. A gidanmu uwa ba ta yi. Ka yafe mini.

Ka san burina ɗaya ne a duniya, in mutu a Madina a kai ni Baƙi'a inda mahaifinka yake. Saboda wannan burin na jure shara da gugar bene shekara da shekaru. Jiya bayan asuba na je na tsaya a bakin katangar maƙabartar, na yi masa sallama daga waje kamar yadda mata suke yi, na gaya masa abin da na aikata da abin da na yanke. Daga nan na wuce wurin shugabar makaranta, na ce kada a sabunta iƙamata idan ta ƙare bayan Hajji, a buga mini fita ta ƙarshe, in bar ƙasar in taho Gusau. Ta tambaye ni sau uku ko na tabbata. Ƙaltume ta ce na haukace, mutane suna sayar da gonaki don su mutu a nan. Wannan karon ban ce ta riƙe bakinta ba.

Ban ce sai ka zo tarbata ba. Idan ka ga dama ka bar mini wuri a zauren nan kusa da kai, ko ba za ka yi magana ba. Idan kuma ka yi, ka yi da Larabcinka, ba zan ƙara gyara maka ba.

Kai ne ɗan farina, kunya ta hana ni kiran sunanka shekara ashirin da bakwai, na laƙaba maka Madani saboda garin da aka haife ka. Garin kuwa ni na raba ka da shi, ba ni da bakin kiranka da sunansa kuma.

Allah ya yi maka albarka, Mu'azzam.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya.