Kiɗan Dutse da Ka Bar Mana

Zuwa ga Kakana,

Gaisuwa mai yawa tare da ladabi da biyayya. Ina fata kana hutawa lafiya a wurin Ubangiji. Mu muna nan Kafanchan yadda ka bar mu, sai dai na gaji, Kaka.

Ka tuna kaset ɗin samarin nan na Ingila da ka saya lokacin kana aikin jirgin ƙasa? Kakan goge shi da bakin rigarka, kana ba ni labarin yadda suka fara kaɗa jita a ƙananan ɗakuna, ba mai kula su, har duniya duka ta ɗauka. Kakan ce, "Jummai, 'ya'yan talakawa ne kamar mu."

Ni kaɗai ka gaya wa cewa a wurinsu ka ari muryar waƙar da muke rufe sujada da ita, ka sa mata kalmomin Hausa. Da dattawan ikilisiya suka tambayi sunan kiɗan, sai ka juya musu kalmar "rock" daga Turanci kai tsaye, ka ce kiɗan dutse ne. Suka ce madalla, ai Yesu ne Dutsenmu. Ba ka gyara musu ba.

Watan jiya sabon shugaban mawaƙa ya ji asalin waƙar a wayarsa. Aka kira ni gaban dattawa, tunda kaset ɗin yana hannuna, aka tambaye ni ko waƙar duniya ce. Ka san ni, ko a aji ba na iya ɗaga hannu. Na kalli ƙasa, na ce e. Na kasa yin ƙarya a ɗakin Allah.

An cire waƙar daga sujada, Kaka.

Mama ba ta yi mini faɗa ba, da ma ta yi. Lahadin da ya wuce wata tsohuwa daga Manchok, wadda ba ta ji labari ba, ta ɗauko waƙar. Rabin majami'a suka bi ta har layi biyu, sannan aka tuna, murya ta riƙa mutuwa benci bayan benci. Ita kaɗai ta kai ƙarshe. Tun ranar nake buɗe littafi ba na ganin komai, ga jarrabawa ta matso.

Ka yafe mini. Allah ya ƙara maka hutawa, ya sa inda kake ba a tambayar daga ina waƙa ta fito. Amin.

Jikarka mai kewarka,
Jummai