Baffan da ya kashe min kunne yana kwance a gidana

Assalamu alaikum 'yan uwa, admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara kafin zuciya ta sa ni abin da zan yi nadama.

Ina ƙarami mahaifina ya rasu, aka kai ni Gashua wajen ƙaninsa. 'Ya'yansa suna tafiya makaranta, ni ana tura ni fadama korar tsuntsaye a gonar shinkafa, ɗakin kwanana kuma na awaki ne. Wata rana zazzaɓi ya kayar da ni a gona, tsuntsaye suka yi ɓarna, Baffa ya zo ya ɗauke ni da mari a kunnen hagu. Kunnen ya yi ta zubar da ruwa, ko kemis bai kai ni ba, har yau ba na ji da shi. Daga nan sunana a gidan ya koma Kurma.

Da na tasa na gudo Nguru, na yi dakon busasshen kifi, na koyi gyaran inji, yanzu alhamdulillah ina da injin casar shinkafa da gidana da iyali.

Bara ciwon ƙoda ya kama Baffa, 'ya'yansa suka roƙe ni ya zauna wajena saboda na fi kusa da asibitin da ake masa wankin ƙoda. Na amsa da sauri, suna ta sa min albarka, ba su san ɗakin awaki na share masa ba. Matata ce ta yi ta kuka tana haɗa ni da Allah, dole na ba shi ɗakin baƙi. Na ce to, ƙila idan ya ga halin da yake ciki ya nemi yafiya.

Ranar Juma'a abokaina suka zo duba shi, ya nuna ni yana murmushi ya ce, "Kun ga Kurma? Ni na yi shi. Da ban matsa masa ba da bai zama mutum ba."

Wallahi tun ranar ba na iya kallonsa. So nake na sa shi a mota na ajiye shi a ƙofar gidansa a Gashua, kuma na san in na yi haka wankin ya tsaya, ba zai daɗe ba. Abin da ke ba ni tsoro, da na tuna haka sanyi nake ji a raina.

Jibi ne wankinsa na gaba, ni zan tuƙa shi. 'Yan uwa, asibiti zan nufa da shi ko hanyar Gashua?