Duwatsun Gindin Furen Gogo

Mpophomeni, 14 ga Agusta

Gogo, kakata,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya. Yaya idon? Allah ya ƙara sauƙi. Ina gaida Anti Khethiwe, tunda ita za ta karanta miki wannan.

Ina kula da kilematis ɗinki, furen nan mai hawa bango, yadda kika koya mini: bokitin ruwa sau biyu a mako, ganyen shayi da ɓawon ayaba a binne nesa da kara, busassun rassan kuma ban taɓa su ba. Ban manta abin da kika ce ba, shekara uku kina shafa furen da hannu kawai, bana in an gyara miki ido kina so ki gan shi.

Amma Gogo, kawuna Malume ya kwashe falalen duwatsun nan biyar da kika jera a gindinsa don saiwa ta yi sanyi. Iska ta ɗaga kwanon ɗakin kaji, shi ne ya danne shi da su. Ina tsaye a wurin. Ya ce, “Zibu, miƙo mini na ƙarshen.” Na miƙa masa. Kin san ba na iya ɗaga ido a gabansa, balle in ce a'a ga ƙanen mahaifiyata.

Na rufe gindin da kwali, awakin maƙwabta sun cinye.

Jikarki,
Zibuyile

Mpophomeni, 3 ga Satumba

Gogo,

Ina gaishe ki, ina gaida Anti. Da fatan an sa ranar aikin idon.

Raina a ɓace yake. Furen ya fara toho, har na yi murna, sai Malume ya zo da shebur biyu na kashin kaji ɗanye ya jibga masa a jikin kara. Wai, “Wannan igiyar ta tsohuwa yunwa take ji. Shayi abinci ne? Dubi kabejina.” Ke kuma kin ce tsohon kashin shanu kawai, tafin hannu ɗaya, wanda ya daina wari.

Da ya fita na kwashe da cokalin tuwo. Washegari ya ce kaji ne suka tone, ya ƙara shebur uku. Na sake kwashewa, ya sake ƙarawa. Yanzu bakin ganyen ya ƙone kamar an gasa, kara biyu cikin ukun da furen yake da su sun lanƙwashe. Na shirya maganar da zan faɗa masa, har na gwada ta a gaban tankin ruwa, amma da ya ce “Mene ne, Zibu?” sai na ce shayinsa ya yi.

Mutumin nan komai a wurinsa kabeji ne, Gogo. Ina jin ko kansa aka fasa kabeji za a tarar. Anti, ki rage murya a nan.

Ki gaya mini yadda zan yi.

Jikarki,
Zibuyile

Mpophomeni, 19 ga Satumba

Gogo,

Ina gaishe ki, duk da ina fushi da ke kaɗan. Me ya sa ba ki jira Anti ta dawo daga aiki ba? Me ya sa da Malume ya zo duba ki ran Lahadi kika miƙa masa wasiƙata ya karanta miki? An ce kin yi dariya har kin yi tari.

Da ya dawo na ɓuya bayan tanki. Bai neme ni ba. Ya jingina tsani ya sauko da duwatsun ɗaya bayan ɗaya, ya danne kwanon da tsofaffin tayoyi. Sannan ya ce, “Shugaba, fito. Mai kan kabeji bai san yadda ake jera su ba.” Na fito ina ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Tare muka kwashe takin, muka yi ta kwara ruwa har bokiti shida.

Kara biyun nan sun mutu, Gogo, ba zan ɓoye miki ba. Na ukun ya rayu, yana da tohon fure huɗu.

Jiya sai ga shi da almakashi, wai zai share busassun rassan ya wanke laifinsa. Ya riga ya kama na ukun mai ran, don daga ƙasa duk kamarsu ɗaya. Ban san lokacin da na ce, “Malume, a'a, ajiye” ba. Da ƙarfi na faɗa, har kaji suka watse. Ya dube ni, ya ajiye, ya ce, “Ashe akwai baki.”

Anti ta ce ranar biyu ga wata mai zuwa za a yi aikin. Fure huɗu ne kawai, ba bangon nan cike kamar da ba, amma za ki gan su. Na hana kowa matsawa kusa.

Wannan wasiƙar kowa ma ya karanta miki.

Jikarki,
Zibuyile