Zanen da Sadiyya Ta Ƙi Sa wa Hannu

Zuwa ga ɗiyata Sadiyya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ya aiki, ya zafi? Jiya Alhaji Nasiru ya tare ni a ƙofar masallaci, gaban jama'a, ya ce kin ƙi sa hannu a zanen kasuwar da kamfaninsa zai gina a bayan Ƙofar Ƙaura. Ni na kai ki wurinsa da kika gama karatun zanen gine-gine. Kunya ta hana ni ɗaga kai. Gobe ki je ki ba shi haƙuri.

Kawunki, Gwadabe

Zuwa ga Kawu,

Wa alaikumus salam. Ina gaishe ka da girmamawa, a gaida su Gwaggo.

Kawu, ka gafarce ni, ba zan je ba. Kafin in ja layi ko ɗaya, sai da na yi ta zama a filin nan ina kallo. Akwai itatuwan bedi da masu nono ke sauke ƙwaryarsu a inuwarsu. Akwai hanyar da matan unguwa ke ratsawa zuwa asibiti. Na bar duk wannan a zanena, na ƙara rumfa da famfo da bayan gida na mata, na mai da motoci waje.

Alhaji ya sa jan biro ya soke. Ya ce a sare itatuwan, a zuba kwalta, a ja katanga mai ƙofa ɗaya. Na ce, "Mace mai naƙuda fa, ta ina za ta bi?" Ya ce, "Ta zagaya." Nan na ajiye masa makullin ofis.

Sai dai ya nemi wani ya sa hannu, amma ba ni ba. Ina roƙonka abu ɗaya: ka je filin da azahar.

Ɗiyarka, Sadiyya

Sadiyya,

Bayan gaisuwa. Na je, ba don maganarki ba, don in samu abin da zan ƙaryata ki da shi. Wata tsohuwa mai nono, Saudatu, ta matsa mini a tabarmarta. Na tambaye ta inda za su koma. Ta ce, "Malam, ina za mu koma? Ba wanda ya ce mana za a tashe mu."

Daga can na wuce gidan mai unguwa. Ran Asabar zai tara mutane a kan maganar filin, kuma ya aika wa Alhaji Nasiru. Alhajin ya daina amsa sallamata. Ki zo da zanenki, ki yi bayani da Hausa.

Kawunki

Kawu,

Na gode, Allah ya ƙara girma. Zan zo da zanen biyu, nawa da nasa. A ba matan wuri a gaba, su za su fara magana.

Sadiyya