Ina Kuka Kai Uwar Jarumin?

Zuwa ga Mai Girma Shugaban kamfanin da ya shirya fim ɗin jarumin nan mai raba wasiƙu, kashi na biyu.

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyali da ma'aikata, ina yi maka jaje. Labari ya iso mu har Withington, a nan Manchester, cewa fim ɗinku na biyu ya yi kwantai, kujeru ne kawai suke kallonsa. Allah ya mayar da alheri. Na san ba ka jin Hausa, sai ka nemi tafinta. Ni ma na zauna kusan awa biyu ina kallon abin da ban gane kansa ba, kuma ban mutu ba.

Sunana Bashir, injiniyan ruwa ne ni, magidanci mai 'ya'ya uku. Na ji masana suna ta lalube a kan dalilin faɗuwar fim ɗin. Wasu sun ce tsuke bakin aljihun da gwamnati take yi ne, wasu sun ce ruwan sama ne ya hana mutane fita. Ruwan sama, a Manchester! Da ruwa yana hana mu fita, da babu wanda ya taɓa zuwa aiki a garin nan. Aljihu kuwa, lokacin da kashi na farko ya fito ma a tsuke yake, amma sai da aka yi layi a ƙofar sinima. Tunda masana sun kasa, bari in taimaka, don mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Na ɗaya. Ina da suruki, mahaifin maiɗakina, muna kiransa Baba. Likita ne, ya yi aikin GP, wato likitan unguwa, a Birmingham har ya yi ritaya, yana zaune a can unguwar Balsall Heath. Bakano ne na da, irin waɗanda suka tashi da sanin cewa ɗan mutunci ba ya shiga gidan sinima. Da matarsa Hajiya Inna ta rasu, sai Baba ya yi shiru. Ba kuka, ba ƙorafi, shiru kawai. Akwai wani zaure da council, wato ƙaramar hukuma, take buɗe wa tsofaffi, yakan je su sha shayi da tsofaffin Pakistan da na Jamaika suna gardamar wasan kurket. Aka wayi gari aka ce babu kuɗi, aka sa wa zauren kwaɗo. Daga nan Baba ya koma daga masallaci sai kujerar bakin taga. Duk ƙarshen mako maiɗakina takan dawo daga Birmingham idanunta jajur.

Na biyu. Wani hutun makaranta muka kai masa yara, suka sa faifan fim ɗinku na farko a falo. Baba bai hana ba, jika ai ba a hana shi komai. Bari in tuna maka fim ɗin, don da alama a kamfaninku babu wanda ya kalle shi. Jarumin talaka ne mai raba wasiƙu, yana iya ɗaga bas da hannu ɗaya, amma yana zaune da uwarsa, kuma bai isa ya shiga ɗakinta da takalmi ba. Akwai inda wani dodo yake rusa gari, waya tana ta ƙara ana neman ɗauki, yaron ya miƙe, tsohuwa ta ɗaga silifas ta ce ya zauna ya cinye abincinsa, duniya ba guduwa za ta yi ba. Ya zauna kuwa, ya cinye tas.

A nan Baba ya yi dariya. Ina tsaye a bakin ƙofa, don ba na zama falo ɗaya da shi, na ji da kunnena. Maiɗakina tana kicin ta saki ludayi ta fashe da kuka. Ashe haka Hajiya Inna take yi masa. In aka bugo waya daga asibiti yana tsakiyar cin tuwo, sai ta dafe wayar ta ce, "Likita, cinye tuwonka, mai ciwon ma ya fi son ka je da ƙarfinka." Tun daga ranar, duk zuwan yara sai ya ce, "Ku sa mana tsohuwar nan." Bai taɓa ambaton jarumin ba. A wurinsa fim ɗin tsohuwa ne, yaron ɗan rakiya ne.

Na uku. Da kashi na biyu ya fito, ya zo daidai da babbar Sallah. Ya kamata ku sani, mu ba ma zuwa abin daɗi mu kaɗai, gayya muke yi. Na bi gidajen 'yan uwa na unguwannin Moss Side da Withington, aka ɗauki hayar bas, mata suka soya cincin da naman Sallah, muka nufi Birmingham ranar Asabar. Na aika maiɗakina ta roƙi Baba, tunda huruminta ne, ni kunya ba za ta bar ni in tunkare shi ba. Ya ce a tambaye ni ko na tsaya wa fim ɗin. Na ce a gaya masa na tsaya. Hoton talla kawai na gani, amma na ɗauka mutanen da suka haifi wannan tsohuwa 'ya'yan mutunci ne.

Baba ya sa babbar riga, ya kafa hula, ya fesa turare, kamar mai zuwa gaida wata dattijuwa. Ranar ya fara taka gidan sinima a rayuwarsa. Ina kuma miƙa godiya ta musamman ga na'urar da take raba kujeru, wadda ta zaunar da ni kafaɗa da kafaɗa da surukina, abin da ban taɓa yi ba tun da na auri 'yarsa.

Na huɗu, fim ɗin kansa. Yara ba su kai rabin guggurunsu ba tsohuwa ta fito shanya. Baba ya gyara zama. Sai wani ƙaton tauraron ɗan'adam ya faɗo daga sama ya danne ta. Silifas ɗinta kaɗai ya rage yana hayaƙi, kuka kuma sa kiɗan barkwanci don kada mu manta wurin dariya ne. Ɗan nata ya ɗaga kafaɗa ya ce yanzu babu mai tilasta masa cin ganye. Madalla da wannan tarbiyya.

Daga nan kuka mai da shi attajiri, kuka sa shi a gidan gilashi, yana shiga ko'ina da takalmi. Kuka kewaye shi da 'yan mata waɗanda da alama tsuke bakin aljihun ya fi shafar yadin kayansu. Barkwancin kuwa, in ba tusa ba, to abin da ke ƙasan cibiya ne. Gine-gine suka yi ta rushewa, motoci suka yi ta fashewa, har na fara tausayin council ɗin garin fim ɗin, ganin ta su Baba ko zauren shayi ta kasa riƙewa.

Na biyar. Za ka ce me ya hana mu tashi mu fita. A nan ne kuke da sa'a. Ƙarami ba ya miƙewa kafin babba. Baba kuma baƙona ne, ba zai tashi ya kunyata wanda ya gayyato shi a gaban jama'a ba. Ni ina zaune saboda shi, shi yana zaune saboda ni, duk gayyar tana zaune saboda mu biyun. Mata suna rufe wa yara ido da mayafi, yara suna leƙe ta ƙasa. Ni kuwa na ƙura wa takalmina ido har na haddace ɗinkinsa. Ina jin a duk ƙasar nan mu kaɗai ne muka kalli fim ɗinku har ƙarshe, kuma kada ku ɗauka daɗinsa ne ya riƙe mu.

Abin da na lura da shi ta wutsiyar ido, Baba bai ɗauke kai daga allon ba ko sau ɗaya. Na ɗauka fushi ne. Da aka fara jero sunaye, yara suka ce a dakata, irin waɗannan finafinai sukan ɓoye wani abu a bayan sunaye. Baba ya dakata. Abin da kuka ɓoye ɗin tallan kashi na uku ne. Fitilu suka kama, sai na ji ya sunkuya wajen 'yata Amira ya ce a hankali, "To, tsohuwar ba za ta dawo ba ke nan?" Ashe duk tsawon lokacin nan jiranta yake yi.

A bakin ƙofa ya ce da ni, "Malam Bashir, an gode da ɗawainiya, Allah ya yi albarka." Wallahi da mari ya kai mini da ya fi mini sauƙi. Har yau bai sake tayar da zancen ba. Amma da yara suka koma hutu suka ɗauko faifan farko, sai ya ce, "Ku bar shi, na san ƙarshenta." Ya juya wajen tagarsa. Kun ga ba fim ɗaya kuka kashe ba, da na biyun kuka haɗa har na farkon kuka binne. Wannan ya yi mini ciwo, kuma har yanzu yana yi.

Na shida, amsar tambayar da masananku suke nema. Kafin bas ɗinmu ya iso Manchester, labari ya riga ya kai Leeds da Landan ta wayoyin mata, washegari har daga Kano aka kira ni ana jajanta mini. Ba mu buƙatar masu sharhin jarida, muna da gwaggo-gwaggo. Kuma ba mu kaɗai ba ne. Maƙwabciyata, wata Baturiya mai jikoki, ta ce ita ma ta gargaɗi duk 'yan cocinsu. Kun ɗauka mutane sun zo kallon mai ɗaga bas ne. Masu ɗaga bas sun cika kasuwa, kowane wata sai an kawo sabo. Mun zo ne mu ga wadda take sa mai ɗaga bas ya cire takalmi. Kowa a ɗakin nan yana da irinta a gida, ko kuma ya taɓa samu ya rasa.

Saboda haka ina roƙon abubuwa kaɗan. Ku daina ɗora wa ruwan sama laifi, aikinsa yake yi. Ku ƙyale gwamnati ma, nata zunubin ya ishe ta. Ku sa a koya wa na'urar kujeru ta riƙa tambaya ko akwai suruki a cikin tawaga.

Babban roƙon kuwa, ku dawo da tsohuwar. Na san kuna iyawa, don a finafinanku mutum yakan mutu da safe ya dawo kafin la'asar da sabuwar riga. Ku ce a ƙarƙashin tauraron akwai rami, ku ce 'yar uwarta ce, ku faɗi duk ƙaryar da kuka ga dama, za mu karɓa hannu bibbiyu. Tamu tana kwance a maƙabarta a Birmingham, wannan ikon Allah ne, mun haƙura. Taku alƙalami ne ya kashe ta, alƙalami kuma zai iya tashe ta. In kun yi haka ba zan sake yin gayya ba. Ni kaɗai zan je in gani da idona, in jira faifan ya fito, in kai Balsall Heath in miƙa wa yara, sannan in koma bakin ƙofa in kasa kunne.

Allah ya cika muku kujerunku, ya ba marubutanku lafiya da kunya. In mahaifiyarka tana raye, Allah ya ja kwananta, ka kuma kai mata fim ɗin ka zauna kusa da ita ku kalla tare har ƙarshe. In ta riga mu gidan gaskiya, to ba sai na ƙara maka bayani ba.

Wassalam.

Naka mai jiran amsa,
Bashir, surukin Baba,
Withington, Manchester.